Kan Macijiya da Takardar Malam: Kwana Uku a Ƙasar Daura

Motar da ta ɗauko ni daga Kano ta tashi ne bayan an sallame sallar asuba. Kafin hantsi mun bar Dambatta a baya, mun ratsa tsakanin duwatsun Kazaure, mun faɗa shimfiɗaɗɗiyar ƙasar nan mai rairayi wadda ido ba ya ganin iyakarta har Damagaram. Lokacin kaka ne. An yanke gero, dammuna na jingine da juna a gonaki, dawa ta sunkuyar da kai tana jiran ranarta, gawo kuwa, da yake shi ba ya bin sauran itatuwa, yanzu ne ya fara fitar da sabon ganye. Nan da can ana hango tudun layin dogon da zai haɗa Kano da Maraɗi ta Daura da Katsina.

Hirar cikin mota ba ta jirgin ƙasa ba ce. A watan Satumban 2025 kwamitin da Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ya kafa domin tantance ma'aikatan ƙananan hukumomi 34 na Jihar Katsina da na hukumomin iliminsu ya miƙa rahotonsa. An tantance mutum 50,172, aka cire sunaye 3,488 daga jerin masu karɓar albashi, bisa dalilan da suka haɗa da takardun bogi, da sauya shekarun haihuwa, da rashin zuwa aiki, da ma'aikatan da babu su sai a takarda. An ce baitulmali zai riƙa tsira da sama da Naira miliyan 450 kowane wata. Rahoton ya taɓo masarautar da muka nufa, domin ya ambaci Zango cikin wuraren da aka zargi jami'ai da cusa sunayen bogi. Direbanmu ya ce da shi ne mai iko, da ɗauri zai haɗa musu da shi. Wata dattijuwa da ke bayana, riƙe da ƙwaryar fura a cinya, ta ce masa: "Ɗan nan, kai ka ga takardun nasu?" Ya ce: "A'a, Inna, a rediyo na ji." Ta ce: "To ni ma a rediyo na ji. Ashe duk shaidun rediyo ne a motar nan." Aka yi dariya, aka koma maganar tsadar taki. Ni dai tambayar tata ta bi ni har Sandamu, ta shiga Daura tare da ni.

Zumunci ne ya kai ni. Mai masaukina abokin karatuna ne tun muna yara, ya yi aikin koyarwa har ya yi ritaya, yanzu yana noma da ɗan kiwo. Bayan la'asar ya ce ba zai yiwu in kwana a Daura ban gaida Kusugu ba, ko da kuwa na sha zuwa. Muka bi ta lungunan tsohon gari, inda ginin ƙasa da na siminti ke kafaɗa da kafaɗa, muka wuce kusa da fadar Mai Martaba Sarkin Daura Alhaji Umar Faruk Umar, wanda ya gaji Sarki Muhammadu Bashar a 2007. Rijiyar tana cikin wani gini da aka kewaye ta da shi. Mai kula da ita ya zura guga, ya ba mu ruwa muka sha, sannan ya shiga labarin da kowane ɗan firamare a ƙasar Hausa ya sani: baƙon da ya sauka da dare gidan tsohuwa Ayana, ya nemi ruwan dokinsa, aka ce masa ba a ɗiba sai ranar Juma'a saboda macijiya, ya karɓi guga ya tafi, ya sare mata kai.

Na sha jin labarin nan, amma ban taɓa kula da abin da ya biyo bayan saran ba sai a wannan yammaci. Gari ya waye, ga gangar jikin macijiya a bakin rijiya, babu kai. Daurama ta sa aka yi shela cewa wanda ya yi wannan aiki ya fito, akwai lada mai girma. Maza suka yi ta fitowa, kowa na cewa shi ne. Sarauniya ba ta ce a kama su ba, ba ta kuma ce a ba su ladan ba. Ta bar kowa ya faɗi tasa, sannan ta nemi abu guda: kan macijiyar. Masu da'awar ƙarya suka watse ɗaya bayan ɗaya, har tsohuwa ta tuna da baƙonta, aka kira shi, ya fito da kan. Masana tarihi suna da ja a kan Bayajidda, wasu ma suna ganin labarin gaba ɗaya kwatanci ne na sauyin da aka samu a sha'anin mulki. Wannan ba damuwata ba ce a nan. Abin da ya kama ni shi ne, garin da ake kira tushen Hausa ya zaɓi ya ajiye wa jikokinsa labarin wata tantancewa, wadda aka yi ta a bainar jama'a, aka kira kowane mai da'awa, aka ce ya kawo shaidarsa. Maƙaryacin ma sai da aka tsayar da shi aka tambaye shi.

Da daddare, bayan tuwon gero da miyar kuka, wani dattijo ya yi sallama a zaure. Malamin firamare ne a wani ƙauye, saura masa ƴan shekaru ya ajiye aiki. Mai masaukina ya gaya masa ina rubutu a jarida, shi ya sa ya zo da wata baƙar leda a hammata. Ba zan ambaci makarantarsa ko ofishin da abin ya faru ba, domin abin ya wuce da ƴan shekaru, a wata tantancewa ta baya, kuma yana son ya kai ga fanshonsa lafiya. Ya kwance ledar, ga wata a ciki, ga kuma wata a cikin wannan, saboda gara da ɗigon damina. Ya shimfiɗa takardu uku a tabarma, ya haska su da fitilar waya.

Ta farko shaidar gama firamare ce, sunan da ke kai Mamman. Haka hedimastansu ya ji ana kiransa, haka ya rubuta. Ta biyu Gired Tu ce, wadda ya samu a kwalejin horon malamai, sunan Muhammadu, da sunan mahaifinsa. Ta uku NCE ce, wadda ya yi karatunta a ƙarshen mako yana koyarwa, sunan Muhammad, an kuma ƙara sunan garinsu a ƙarshe. Shekarar haihuwa a biyu daga ciki ta sha bamban da shekara guda, domin babu wanda ya rubuta ranar da aka haife shi. Mahaifiyarsa ta ce shekarar da fari suka cinye gero ce, akawun kotu ya ƙiyasta, ya buga hatimi.

"Ranka ya daɗe," in ji shi, "ba wanda ya kira ni. Wata ya ƙare, abokan aiki suka ji ƙarar waya, ni ban ji ba. Na ce ko matsalar banki ce. Sai da na je ofis, wani yaro da na koya wa karatu a aji uku ya duba kwamfuta ya ce, Malam, sunanka yana cikin masu takardun da ba su inganta ba. Na ce wace daga ciki? Ya ce ba a rubuta ba."

Wata bakwai ya yi babu albashi, kuma bai fasa zuwa aji ba, don kada a ƙara masa laifin gudun aiki. Ya sayar da raguna biyu, ya jinginar da gona. Ya yi tafiya sau huɗu zuwa kwalejin da ta ba shi NCE kafin a binciko sunansa a tsohon kundi a rubuta masa wasiƙa. Da wasiƙar aka mayar da sunansa. Na tambaye shi kuɗin wata bakwai ɗin, ya yi murmushi ya ce suna hanya. Amma ba kuɗin ne ya sa muryarsa ta yi rawa ba. Ya ce wata rana yana wucewa ta bakin kasuwa ya ji wani yaro ya ce wa ɗan'uwansa: ga malam jabu nan. Wasiƙar kwaleji ta shiga fayil, ba ta shiga kasuwa ba.

Kada mai karatu ya ɗauka ina nufin duk wanda aka cire an zalunce shi. Mai masaukina, wanda ya san cikin aikin fiye da ni, bai bar ni na tafi da wannan zato ba. Ya ce shi da kansa ya zauna ofis ɗaya da wanda yake cin albashi da takardar yayansa da ya rasu, har ya saba amsa sunan mamacin. Ya san wanda ba ya iya karanta littafin aji huɗu, amma ga NCE a fayil. Ya san wanda yake fatauci a Legas, ya bar ƙanensa yana shiga aji ana raba albashi. Irin waɗannan ɓarnarsu ta fi ta ɓarawon akuya, domin abin da suke sata shekarun yaro ne, kuma shekarar da ta wuce ba ta dawowa. Ɗan talakan Baure ko Sandamu ba shi da makarantar kuɗi da za a mayar da shi. Malamin da gwamnati ta ba shi, shi ne rabonsa. Gwamnatin da ta ga wannan ta kau da kai ta ci amanar yaran. Kasuwar takardun kuwa ba ɓoyayya ba ce. A ƙarshen 2023 ɗan jaridar Daily Nigerian, Umar Audu, ya nuna wa duniya yadda ya samo digiri daga Kwatano cikin mako shida ba tare da ya shiga aji ba, har Gwamnatin Tarayya ta dakatar da amincewa da digirin Benin da Togo a watan Janairun 2024.

Sai dai kalmar "ba ta inganta ba" babban buhu ce, kome ana zubawa a ciki. Akwai wanda ya je shago aka buga masa takarda, ya san abin da ya yi. Akwai matar da ta yi shekara uku tana biyan kuɗi a wata cibiyar karatu da aka buɗe a garinsu, da allo da malamai da jarrabawa, sai bayan ta gama aka ce hukumar da ke kula da kwalejojin ilimi ba ta san da cibiyar ba; wannan an cuce ta ne, kuma hukuma tana kallo lokacin da ake cutar tata. Ga kuma wanda takardarsa ta gaskiya ce amma zamani ya wuce ta. Lokacin da aka ƙaddamar da shirin ilimin firamare kyauta a 1976, neman malamai ake yi ido rufe, aka buɗe kwalejojin horo, aka kafa Cibiyar Malamai ta Ƙasa a Kaduna domin ta horar da waɗanda ke bakin aiki. Gired Tu a wancan lokaci abin alfahari ce. Daga baya manufar ilimi ta ƙasa ta mayar da NCE mafi ƙarancin shaidar koyarwa, aka kuma kafa hukumar rajistar malamai, TRCN, a 1993. Ma'auni ya ɗaga, wasu suka bi shi, wasu ya bar su a ƙasa. Kwamfuta ba ta bambance waɗannan mutane. Ba ta san Mamman shi ne Muhammadu ba. Sai an zaunar da mutum an tambaye shi ake sanin wane ne a cikinsu.

Washegari muka bi ta unguwar da gidan marigayi Shugaba Muhammadu Buhari yake, inda aka binne shi ranar 15 ga Yulin 2025. Mun yi masa addu'a daga nesa. A nan ne mai masaukina ya tuna mini da abin da na manta, wato babu ɗan Daura da aka ja takardarsa a ƙasa kamar wannan bawan Allah. Ya yi firamare a Daura da Mai'aduwa, ya wuce makarantar Midil da sakandaren lardi a Katsina, ya gama a 1961. Da zaɓen 2015 ya ƙarato aka ce ba shi da shaidar gama sakandare. Ya ce takardunsa suna hannun rundunar soja, rundunar ta ce babu na asali a wurinta, tsohuwar makarantarsa ta fitar da sakamakonsa a watan Janairun shekarar. A Nuwamban 2018 hukumar WAEC ta kai masa takardar tabbatarwa har fadar gwamnati. Duk da haka maganar ta je kotun sauraron ƙararrakin zaɓe a 2019, inda har bambancin rubutun suna, Mohamed da Muhammadu, sai da lauyoyi suka yi ja a kansa. Ranar 11 ga Satumba kotun ta ce ya cancanta, Kotun Ƙoli ta kori ƙarar Atiku Abubakar ranar 30 ga Oktoba.

Ko mutum yana son Buhari ko ba ya so, ya duba abin da aka ba shi. An gaya masa tuhumar dalla-dalla. An ba shi lokaci. Ya kira shaidu, aka yi musu tambayoyi a fili. Alƙalan ba su ne masu ƙara ba. Aka yanke hukunci, aka ɗaukaka ƙara, kuma duk tsawon wannan lokaci yana kan kujerarsa, albashinsa bai tsaya ba. Ban ce a tara manyan lauyoyi saboda malamin ƙauye ba. Amma matsalar sunan da ta kai shugaban ƙasa gaban alƙalai biyar, ita ce ta tsayar da albashin dattijon nan mai baƙar leda ba tare da ko wasiƙa mai layi uku ba, alhali sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulkin 1999, wanda ya tanadi haƙƙin a saurari mutum kafin a yanke masa hukunci, bai ware shugaba daga malamin aji uku ba.

Maƙwabtanmu na Kaduna sun riga mu shiga wannan kogi, ya kamata mu tambaye su zurfinsa. A 2017 gwamnatin Malam Nasir El-Rufa'i ta yi wa malaman firamare kimanin 33,000 jarrabawa da tambayoyin aji huɗu, ta ce 21,780 sun kasa samun kashi 75 cikin ɗari. Ƙungiyar Malamai ta Ƙasa, NUT, ta ce ba a kan wannan maki aka yi yarjejeniya ba, kuma TRCN ce ke da hurumin auna malami. Kotun Ma'aikata ta ba da umarni a watan Disamba a dakata har ta saurari ƙarar, amma takardun sallama suka fita, malamai suka shiga yajin aiki a Janairun 2018, suka janye bayan kwana goma. Buhari da kansa ya goyi bayan gwamnan. Wasu daga takardun amsar da aka wallafa a lokacin abin kunya ne, babu mai musun wannan. To amma cikin ƴan watanni gwamnatin ta sake sallamar 4,562 daga cikin sababbin da ta ɗauka domin su maye gurbin, ta ce su ma ba su cancanta ba. A Yunin 2022 aka ƙara korar 2,357, har da shugaban NUT na ƙasa, Audu Amba, wanda ya ƙi zama jarrabawar. Garaje ba ya haifar da ɗa mai ido.

Abin mamaki, a Kadunan ne kuma aka nuna hanyar da ta fi kusa da daidai. A Disamban 2021 hukumar ilimin bai-ɗaya ta jihar ta sanar da cewa ta rubuta wa makarantun da suka ba da takardu, ta sami amsa a kan takardu 451, aka ce 233 na bogi ne, 212 daga ciki da sunan makaranta guda. Ta ce za ta sallame su, ta kuma tura fayilolinsu Ma'aikatar Shari'a. A nan an tambayi mai hatimi ko hatiminsa ne, an kuma nufi kotu da maganar. Adadin ƙarami ne, bai cika kanun labarai kamar dubu ashirin da ɗaya ba, amma kowane suna a cikinsa yana da wasiƙar da ke bayansa.

Da yamma mai masaukina ya kai ni gaida wani tsohon alƙali da ya yi ritaya, yana zaune a zaurensa cikin littattafai, ɗalibai biyu daga Kwalejin Yusufu Bala Usman suna ɗaukar karatu a gabansa. Da na kawo masa maganar, bai fara da dokar Bature ba. Ya ce a fiƙihun Malikiyya, wanda kotunanmu ke bi ta littattafai irin su Tuhfa ta Ibn Asim, akwai abin da ake kira i'izari. Bayan an gama jin shaidu, kafin alƙali ya buɗe baki da hukunci, wajibi ne ya juya ga wanda hukuncin zai hau kansa ya tambaye shi ko yana da sauran hujja ko suka a kan shaidun, a gaban mutane, a kuma rubuta. In ya nemi lokaci a ba shi. Ya ce ya ga shari'o'in da aka yi su da kyau tun daga farko, kotun sama ta rushe su saboda wannan tambaya guda da aka tsallake.

Na ce: "Allah gafarta Malam, ko da alƙali ya tabbata mutumin ba shi da gaskiya?"

Ya ce: "Musamman ma a lokacin. Ranar da ka tabbata, ranar ce ka fi bukatar a riƙe maka hannu." Ya tuna mini da Annabi Sulaimanu, wanda ya nemi alhudahuda bai gan shi ba, ya yi alkawarin azabtar da shi, amma ya bar masa ƙofa in ya zo da hujja bayyananna, sai ga tsuntsu ya dawo da labarin Saba'. Ya kuma tuna mini da masu jayayya biyu da suka haura wa Annabi Dawuda a kan tunkiya, da abin da malaman tafsiri suka ce game da yin hukunci kafin a ji ɗaya ɓangaren. Ya ƙara da cewa hujja a kan mai da'awa take. Wanda ya ce takarda jabu ce, shi zai fara kawo dalili.

Ɗaya daga ɗaliban, da yake sabon karatu yana cinsa, ya ce ai dokar ƙasa ma haka ta ce. Ya kawo shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1986: an kori ɗalibai bayan tarzoma, kotu ta mayar da su, domin shugaban kwamitin binciken yana cikin waɗanda tarzomar ta shafa, kuma laifuffukan da aka jingina musu na kotu ne. Ya kawo ta Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985, inda aka ce ma'aikacin da doka ta tsara yadda za a raba shi da aikinsa, ba a raba shi sai ta wannan hanya. Tsohon alƙalin ya bar shi ya gama, sannan ya ce: "Madalla. To malamin da albashinsa ya tsaya, da me zai ɗauki lauya zuwa Kotun Ma'aikata?" Yaron ya yi shiru.

A nan ne nake ganin nauyin ya koma kan hukuma tun kafin a kai ga kotu, kuma abin da ake nema ba mai tsada ba ne. Ƙa'idojin aikin gwamnati sun riga sun san takardar tuhuma. A rubuta wa mutum da sunansa, a ce takardarka kaza ce muke shakka, saboda dalili kaza. A ba shi makonni, domin tafiya daga Baure zuwa kwalejin da ta yaye shi shekara talatin da suka wuce ba ta yini ɗaya ba ce, kuma ya fi dacewa hukuma ta rubuta wa kwalejin da kanta maimakon ta bar dattijo yana kwana a tasha. Waɗanda za su saurare shi kada su zama waɗanda suka zarge shi, a sa wakilin ƙungiyarsa a ciki. Kada a yanke masa abinci kafin a yanke masa hukunci. In ya tabbata ya ƙirƙiri takarda, wannan laifi ne a dokar Final Kod, a kai shi gaban alƙali. In ya kuɓuta, a biya shi bashinsa, a kuma wanke shi da irin muryar da aka zarge shi da ita.

Akwai kuma tambayar da ba a cika yi ba. Malamin bogi bai faɗo daga sama ba. Wani ya karɓi takardar, wani ya buɗe fayil, wani ya sa hannu, wataƙila wani ɗan siyasa ya aiko da sunan a ƴar takarda, wataƙila an biya kuɗin gurbi. Ɓarawo a hannun mata ba ya rasa abokin shawara, balle wanda ya shekara goma yana karɓar albashi. Sauraron wanda ake tuhuma shi ne hanyar da ake jin waɗannan sunaye, shi ya sa nake zargin cewa korar shiru tana yi wa wasu manya daɗi fiye da yadda take yi wa yara amfani. A 1999 Salisu Buhari ya hau kujerar Kakakin Majalisar Wakilai da digirin Toronto na ƙarya. An kai shi kotu, an ci shi tarar Naira 2,000, daga baya aka yi masa afuwa. Na sama ya sami kotu da afuwa. Ba zai yi kyau a ce na ƙasa bai sami ko tambaya ba. Gwamnatin Raɗɗa ta nuna ta san darajar ma'auni lokacin da ta ɗauki malamai 7,325 ta hanyar jarrabawa a 2023, abin da ya cancanci yabo. Ƙofar fita ma tana son irin wannan ma'auni, kuma ga duk wanda ke cikin 3,488 ɗin nan da yake ganin an yi kuskure a kansa, ya kamata a ce akwai tebur sananne, da rana sananniya, da mutumin da zai dube shi ya ce: kana da sauran magana?

Ranar Lahadi muka tafi Mai'aduwa cin kasuwa, kusa da iyakar Kwangwalam. Shanu da raƙuma da tumaki daga Nijar sun cika kara, ƙura ta tashi har ta dusashe rana. Na tsaya ina kallon yadda ake cinikin sa guda. Mai saye ya buɗe bakinsa ya duba haƙora, ya zagaya shi, ya sa aka tafiyar da shi. Dillali ya tsaya a kan cewa ya san mai shi, ya san garinsu, in ta tashi shi zai amsa. Aka kira shaidu kafin kuɗi su sauya hannu. Na ce wa mai masaukina, ashe sa ma ba a yanke masa daraja sai an dube shi ido da ido. Ya ce in bar wannan magana kada dillalai su ji su ce a ba su aikin tantancewa.

Da safiyar Litinin, kafin in kama hanya, na roƙi a biya da ni ta makarantar dattijon. Ajinsa ba shi da ƙofa, yara sun haura tamanin, mafi yawansu a ƙasa. Yana koya musu jimla, ya rubuta "Audu ya tafi gona" a allon da ya koɗe, suna maimaitawa da ƙarfi har tantabaru suka tashi daga rufi. Da ya hango mu ya ba wani yaro alli ya fito. Muka gaisa, na ce ina fata bashinsa ya fito kafin ya ajiye aiki. Ya ce Allah ya sa. Na lura baƙar ledar tana cikin aljihun rigarsa, ta sa aljihun ya yi nauyi gefe guda. Na tambaye shi me ya sa yake yawo da ita har aji. Ya ce tun daga waccan shekara ba ya barin ta a gida, don bai san ranar da za a sake nema ba.